Hular Yaya da Wayarsa

Talata, bayan la'asar

Na wanke hular Yaya Chékaraou na shanya a igiyar tsakar gida. Baba Karimoune, dattijon da ke riƙe da mu 'yan Nijar na wannan layi a unguwar Hay Abdulkafi ta Sabha, ya shigo ya tarar tana ɗiga, ya tsaya yana kallona kamar na yanka akuyar maƙwabta. Ya ce da ban wanke ba, don uwa da warin kan ɗanta take gane hula, ba da zanen aiki ba. To na riga na wanke. Abin da ke jikinta ba irin wanda ake kai wa uwa ba ne.

Tun ranar Juma'a da muka dawo daga maƙabarta ban rubuta komai ba. Yau ma ba abin da ya faru a hanyar Samnu zan rubuta ba. Yaya ya taso daga gonar dabinon da yake aiki a Zighan zai zo mu yi Juma'a tare kamar yadda ya saba, shi ke nan. Wanda ya san sauran ya sani.

Na kira Kawu Bachirou a gida tun a ranar. Ya yi salati, sannan ya ce, "Yahouza, ka san ƙa'idar garinmu." Na sani. Tun ina yaro aka bugo waya daga ƙasar nan aka ce Issoufou mai gishiri ya rasu. Aka yi sadakar uku da ta arba'in, aka raba rumbunsa, matarsa ta gama takaba ta yi wani aure, sai ga Issoufou ya sauko daga mota da ƙafarsa, ashe a tsare yake. Daga nan dattawa suka yanke cewa rasuwar Libiya ba a karɓarta ta waya. Sai wanda ya sa mutum a kabari da hannunsa ya zo da hularsa, ya zauna a tabarma gaban uwarsa, ya faɗa da bakinsa. Kafin nan, abin da za a gaya wa Inna da Rékia matar Yaya shi ne yana jin jiki.

Ni na sa shi da hannuna. Don haka ni ne zan tafi.

Laraba, da hantsi

Na je biro, wato ofishin da ke ba mu takardar komawa gida. Fasfona yana cikin jakar Yaya a ranar, kuma jakar ba ta dawo ba, hula da waya kawai aka miƙo mini. Layi ya kai har bakin titi. Ma'aikacin da ke taga, Mushe Faïçal, yadda muke kiran malamin ofis a gida, mutumin kirki ne amma gajiya ta cinye shi, yana magana yana murza ido. Ya ce an dakatar da ba da takarda sai an ji daga sama, saboda manyan Nijar da na Libiya suna da wata magana a tsakaninsu da ba su gama ba. Na tambaye shi wace magana, ya ce da ya sani da ba a taga yake zaune ba.

Ya karanto mana shawarwarin da aka turo: kada kowa ya kama hanyar kudu yanzu, kada a bi direbobin bayan fage, kada a kusanci shingen bincike babu takarda, kowa ya zauna inda yake. Wani mutumin Maradi a bayana ya ce ai mu dama a zaune muke, tsayuwar layi ce kawai ke tayar da mu. An yi dariya. Ni ma na yi, sai na ji kunyar kaina.

Alhamis, bayan azahar

Wayar Yaya tana aljihuna na dama, tawa tana na hagu. Ban san me ya sa nake sa mata caji ba.

Asabar, da yamma

Rékia ta turo saƙon murya a wayarsa. Na yi niyyar kada in saurara, don ba nawa ba ne. Na saurara. Ta ce, "Baban Mansoura, an ce kana jin jiki. Ko tari ne ka yi mini in ji." Ta ce gero ya yi kyau bana, Mansoura ta fara zuwa lakwal, wato makarantar boko, kuma tunkiyar nan mai taurin kai ta haifi biyu.

Sai ta turo wani a tawa, da muryar tsokanar da ta saba yi mini tun ranar da aka kawo ta gidanmu. Ƙaramin miji take ce mini. Ta ce ƙaramin miji, ka ɓoye mini babban don ka gaje ni ko, to ka sani ni ba na auren mai kai kamar tulu. Da can sai in rama in ce tuwonta ne ya kumbura mini kan. Yau na rubuta mata cewa yana asibiti, likita ya hana shi waya, yana gaishe ta. Ban iya yi da murya ba, ta san muryata fiye da kima.

Litinin, da hantsi

Biro. Ba a ji daga sama ba.

Talata, bayan magariba

Na koma aikin gini yau, don zaman ɗaki zai haukata ni. Ina ɗora bulo ina lissafin yadda zan zauna gaban Inna, da wace kalma zan fara. Har mai ginin ya ce layina ya karkace, abin da bai taɓa ce mini ba.

Da na dawo na tarar Hajja Rabha ta ajiye mini kwanon abinci a bakin ƙofa. Ita ce uwar mai gidan da muke haya, 'yar nan Fezzan ce, amma ta ce kakarta daga wajen Damagaram aka zo da ita, shi ya sa take da Hausarta 'yar kaɗan wadda take jifan mutum da ita. Ta ga kwanon jiya ban taɓa ba. Ta ce, "Kai ba ci, kai ma tafi. Wa kai hula?" Na ce zan ci. Ta tambaye ni ko an gaya wa matar. Na yi mata bayanin ƙa'idar garinmu, har da labarin Issoufou. Ta saurara tana gyaɗa kai, da na gama ta ce dattawanmu sun yi wa namiji ɗaya maganin dawowa, amma ba su tambayi mace yadda jira yake ba. Na ce abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba. Ta ce ita ma ai babba ce.

Alhamis, da safe

A rediyo an ce wata tawaga za ta zo a zauna. Baba Karimoune ya ce in tawaga ta zo, hanya ta buɗe. Wancan karon ma haka ya ce.

Juma'a, bayan an sauko

Na je kabarin Yaya. Na zuba ruwa a kan ƙasar, na yi masa addu'a, na gaya masa tunkiya ta haifi biyu. A hanyar dawowa an ji ƙarar harbi daga yamma, masu kanti suka ja ƙofofinsu, can kuma suka buɗe kamar ba a yi ba. Garin nan ya iya mantuwa da wuri, ni ne na kasa koya.

Rékia ta turo saƙo uku a wayarsa. Biyun farko addu'a ce kawai. A na uku ta ce ta karɓo masa rubutu da garin magani wurin malamin Tessaoua, tana neman wanda za ta ba ya kawo.

Lahadi, da rana

Wani direba ya same ni a wurin gini, ya ce in ina so zai fitar da ni ta bayan shingaye har Gatrun, daga can Allah ya san sauran. Na ce zan yi shawara. Baba Karimoune ya ce kul. Ya ce in aka kama ni babu takarda, ko mota ta mutu da mu a cikin rairayi, Inna ta rasa biyu ke nan kuma babu mai kai hula ko ɗaya. Gaskiya ya faɗa. Amma ba zan ɓoye wa littafin nan ba, na ji sanyi a raina da ya hana ni. Tsoro nake ji. Tsoron hanya, da tsoron isa.

Litinin, da hantsi

Biro. Mushe Faïçal ya gane ni yanzu, tun daga nesa yake girgiza mini kai don kada in ɓata ƙafata.

Laraba, bayan la'asar

Rékia tana Agadez.

Laraba, bayan magariba

Bari in rubuta a tsanake. Ta turo saƙo a wayarsa, ana jin hayaniyar tasha a bayanta. Ta ce ta rasa wanda za ta ba maganin, kuma ciwon da ya hana mutum yin tari a waya ba ciwon da za a bar wa maza jinya ba ne. Ta bar Mansoura wurin Inna, ta ce wa mutanen gida za ta duba yayarta Aïssatou da ke aure a Agadez. Yanzu tana gidan Aïssatou tana jiran mota mai zuwa Sabha.

Na kira Kawu. Bai sani ba, shi ma ziyara ya ɗauka. Na ce Kawu a yi mini izini in gaya mata. Ya ce mace ita kaɗai a garin mutane, a tasha, a jefa mata wannan ta waya? In ta faɗi wa zai ɗaga ta? Kuma in ta ji, kafin awa guda Inna ta ji, ga hawan jininta. Ya ce in ce mata ya samu sauƙi, muna hanyar dawowa tare, ta koma gida ta jira mu. Na ce to. Duk rayuwata ban taɓa ce wa Kawu wani abu ba bayan to.

Alhamis, da hantsi

Na je biro ba don kaina ba. Na tambayi Mushe Faïçal, in mace tana son zuwa wurin mijinta a nan ta hanyar da doka ta yarda, yaya ake yi. Tunanina in samu wata doguwar hanya in nuna mata, ta tsaya jiran takarda kamar yadda nake jira. Ya ce a yadda ake ciki ba a ma karɓar neman biza, amma ko da ana yi, sai mijin ya aika da gayyata, ya haɗa da takardar zamansa, ya zo da kansa ya sa hannu. Na ce in mijin ba zai iya sa hannu ba fa? Ya ɗago ya dube ni sosai. Ya ce, "Ɗan'uwa, ko wace ce, ka hana ta hawa motar nan. Ba a matsayin ma'aikaci nake gaya maka ba."

Alhamis, da yamma

Na kira Rékia da murya. Na ce ya samu sauƙi, muna tahowa, ta koma gida. Ta ce alhamdu lillahi, ba shi in ji. Na ce yana barci. Ta ce ta jira ya tashi. Na ce likita ya hana. Sai ta ce, ba da muryar wasa ba, "Yahouza, wanda ya samu sauƙin da zai keta Sahara, bai samu na cewa salamu alaikum ba?" Tun da take ba ta taɓa kiran sunana gatsal haka ba.

Na karanto mata duk abin da aka karanto mana a biro, kada a kama hanya, kada a bi direbobin bayan fage, kowa ya zauna inda yake. Ta ce waɗanda suka rubuta wannan matansu suna kusa da su. Na buɗe baki, wallahi na buɗe, maganar ta zo har nan. Sai na tuna Kawu, na tuna Inna, na ce to bari gobe in sa ya kira ki. Ta ce Allah ya kai mu. Ta ce motar sai Litinin, don haka ina da lokaci.

Ramin ƙarya ƙurarre ne, na sani tun ina yaro. Ban san mutum yana iya haƙa shi da ladabi ba.

Juma'a, bayan an sauko

Na yanke shawara a masallaci. Gobe da safe zan kira Aïssatou in ce ta zauna kusa da ita ta riƙe ta, sannan in faɗa. Kawu ya yi fushi in ya so. Na gaya wa Hajja Rabha, ta ce me ya sa gobe. Na ce ina so in tsara maganar.

Asabar, da safe

Wayar Rékia ba ta shiga. Na kira Aïssatou. Ta ce ai sun tashi jiya bayan la'asar, direban ya ce tun da ana maganar za a ƙara tsaurara hanya ba zai jira Litinin ba. Ta ce in gaishe da mai jiki.

Asabar, da rana

Ba ta shiga.

Lahadi

Ba ta shiga. An ce babu rezon waya sai Dirkou, in sun bi ta Dirkou.

Litinin, bayan azahar

Ban je gini ba. Baba Karimoune ya zo ya zauna a bakin ƙofata, ya ce an yi gudun gara an faɗa gidan zago. Ban ga laifinsa ba. Ba shi ya kafa ƙa'idar ba, ba shi ya ce sai gobe ba.

Abin da ke cina shi ne wannan. Ni namiji, mai gemu, ina nan ina jiran hatimi a kan takarda, ita kuwa da ko Maradi ba ta taɓa wucewa ba sai bana, ta ɗaure garin magani a bakin zane ta hau bayan mota. Hanyar da aka ce ba ta biyuwa, ga shi tana bin ta saboda maganar da na gaya mata. In wani abu ya same ta, me zan kai wa Mansoura? Ɗankwali?

Talata, da yamma

An ce an tsinci wata mota a kudu. Na bi gareji gareji ina tambaya. Ba tasu ba ce, wannan daga wani wuri ta fito. Na yi hamdala, sannan na tuna waɗancan ma suna da masu jiransu.

A rediyo tawaga ta zo, an zauna, an ce an samu fahimtar juna.

Laraba, da hantsi

Na bi ta biro don ƙafata ta saba. Mushe Faïçal ya ce wataƙila mako mai zuwa a fara ba da takarda, ya ce sunana yana cikin na farko. Ya yi tsammanin zan yi murna. Na yi masa godiya.

Alhamis, bayan la'asar

Wayar Yaya ta yi ƙara ina alwala. Saƙo ne daga wata lamba ta nan ƙasar. Muryar Rékia ce, ta dushe har da ƙyar na gane ta. Ta ce sun iso Gatrun, direba ya saya mata layi, ruwa ya ƙare musu a hanya amma Allah ya kiyaye. Ta ce, "Baban Mansoura, ka ƙara haƙuri kaɗan, gobe ina nan."

Tana da rai. Na zauna a ƙasa da butar a hannuna na yi kukan da ban yi ba tun ranar maƙabarta.

Na gaya wa Hajja Rabha. Ba ta ce ai na gaya maka ba, ko da yake ta isa ta ce. Ta sa aka share ɗakin da ke kusa da nata, ta fito da tabarma da wani farin mayafi daga akwatinta. Ta ce a nan matar da ta rasa miji fari take sawa, ba ta fita sai kwanakinta sun cika. Sai a lokacin abin ya faɗo mini. Takardata za ta fito mako mai zuwa, ita kuma Rékia za ta zauna takaba a ɗakin aro, a ƙasar da ba ta da ko takarda ɗaya a cikinta, 'yarta tana can bayan Sahara.

Juma'a, bayan magariba

Mun je garejin da ke bayan gari ni da Hajja Rabha, ta ce ba za ta bar ni in je ni kaɗai ba. Na sa hular a cikin riga. Motar ta iso ana kiran la'asar. Mutane suna saukowa ƙafafunsu ba sa ɗaukarsu, duk fuska ɗaya, ƙura ta mai da kowa tsoho. Rékia ce ta kusan ƙarshe. Ta rame, leɓenta ya tsage, tana rungume da ƙullin nan a ƙirji. Ba ta gan ni ba, ina bayan wata mota, kuma ban matsa ba. 

Na ga ta ciro waya tana latsawa. Sai aljihuna na dama ya fara ƙara, da wannan kiɗan da Yaya ya sa tun kafin ya zo ƙasar nan, wanda ta sha ji a ɗakinta. Ta juyo. Ta gan ni, fuskarta ta fara buɗewa za ta yi tsokanar da ta saba, har ta ce "Ƙaramin mi..." sai idonta ya sauka a kan aljihun. Wayar tana ta ƙara. Ban iya kashewa ba, ita ma ba ta katse ba, muka tsaya har ta gaji ta yi shiru don kanta.

Babu tabarma a gareji. Na durƙusa a ƙasa cikin baƙin mai, na ciro hular na ɗora a tafin hannuna biyu, na faɗa da bakina, ido da ido, kamar yadda dattawa suka ce a yi. Na ce Rékia, Yaya ya rasu, ni na sa shi a kabari da hannuna.

Ba ta faɗi ba. Hajja Rabha ta riga ta riƙe ta ta baya, amma ba ta faɗi ba. Ta tambaye ni yaushe. Na gaya mata. Na ga tana lissafi a ranta, tana komawa baya, saƙon tunkiya, malamin Tessaoua, tashar Agadez. Ta ajiye ƙullin maganin a ƙasa a hankali, ta karɓi hular, ta kai hancinta. Ta daɗe a haka.

Sannan ta ɗago ta ce, "Har wannan ma ka wanke."